Abin da Ke Kwance a Ƙarƙashin Ruwan Tiga

A watan Maris, lokacin da rana ke dukan ƙasar Kano har kwalta ta yi laushi, matafiyin da ya biyo hanyar Zariya ya haye gadar Tamburawa yakan ga abin da kakanninsa ba su taɓa gani da rani ba: kore shar dama da hagu, tun daga Karfi har Kura, har Kadawa. Ga albasa, ga tumatir, ga masara da alkama, ga shinkafar rani tana kaɗawa. Ruwa na gudu a kanal. Manomi ya sunkuya ya tsoma lanƙwasasshen bututu, ya toshe bakinsa da tafin hannu, ya fizga sau biyu ko uku, sai ruwa ya biyo ya malala cikin fangali. A tambayi yaron da ke taya shi aiki daga ina ruwan nan yake zuwa, nan take zai ce daga Tiga. A ƙara tambayarsa me ke ƙarƙashin Tiga, ko yadda mutanen Bunkure ke zuwa Kura da damina kafin a yi gada, sai ya yi shiru. Ba laifinsa ba ne. Ba a taɓa ɗaukarsa a kwalekwale an kai shi tsakiyar tafkin an ba shi labarin wurin ba.

A wasu ƙasashe wannan ba da labari a kan ruwa sana'a ce mai zaman kanta, kuma za a zo kanta. Amma sai an fara da kogin kansa, yadda yake kafin a datse shi.

Kogin Kano yana tasowa ne daga duwatsun kudancin jihar, wajen Riruwai, ya ratsa dajin Falgore, ya miƙo arewa har ya haɗu da Kogin Challawa a yankin Tamburawa. Daga nan su biyun su zama ruwa ɗaya, su wuce Wudil, su nufi Haɗeja. A da kogi ne mai fuska biyu. Da rani yashi ne zalla, mata na tona shi su ɗebi ruwa, masu lambu na ja da jigo a bakin fadama, jakunan fatake na takawa su wuce ba tare da sun jiƙa ƙafa ba. Wannan ne ma ya sa rundunar Turawa da ta taso daga Zariya a farkon 1903 ba ta gamu da wani shingen ruwa ba: ta fasa Bebeji, ta wuce, ranar 3 ga Fabrairu ta shiga Kano. Da a watan Agusta suka zo, da sai sun tsaya neman masu fito kamar kowa.

Domin in damina ta yi tsakiya aka ce kogi ya kawo, magana ta canza. Ruwa ja, mai ƙarfi, ɗauke da itatuwa da karan gonaki, yakan cika daga gaɓa zuwa gaɓa cikin dare ɗaya. Kura kuwa ba ƙaramin gari ba ne a harkar fatauci. Marinanta sun yi suna tun ƙarni na 19, kuma rawanin nan mai baƙi da sheƙi da ake kira ɗan Kura har Agadas da cikin Sahara ake kai shi ga Buzaye. Farin ƙyalle na shigowa, rinanne na fita, kuma duk kayan da za su birni sai sun ƙetare Challawa. A nan sana'ar fito ta samu gindin zama.

Fiton ƙasar Hausa ta tudu ba irin na Kogin Kwara ba ne, inda ake da manyan jirage na katako. A nan babban kayan aikin shi ne gora ko ƙatuwar ƙwarya. Ɗan fito yakan zuba kayan matafiyi a ciki, tufafi da guzuri da haja, ya sa shi ya rungumi ƙwaryar ta gefe ɗaya, shi kuma ya kama ɗaya gefen yana iyo yana turawa. Ba a shiga daidai inda ake so a fita. Sai an hau sama da mashigi sosai, don ruwa zai ja mutum ya kai shi ƙasa kafin ya taɓa wancan hayi. Dabbobi kuwa da igiya ake jan su, suna iyo da kansu, ana yi musu tsawa. A biya ladan fito da kuɗin wuri, daga baya da anini da kwabo. A kan masu wannan aiki da masunta akwai Sarkin Ruwa, sarauta ce da ake gada, kuma ilimin da ke tare da ita na baka ne: ga inda gurbi yake, ga inda ruwa ke juyi, ga dutsen da ke ɓoye, ga wurin da ya ci wane a shekarar kaza. Yaro na jin waɗannan labarai tun yana riƙe wa ubansa gora, haɗe da na kada da na aljanun ruwa, har su zauna masa a ka.

Abu mafi muhimmanci a wannan tsari shi ne ɗan fito yana da ikon ya ce a'a. In ya dubi ruwa ya ce yau ba a shiga, attajiri da madugu sai su sauke kaya su yi zango a bakin gaɓa, kwana ɗaya ko uku, har kogi ya sauka. Ba wanda ke ganin an raina shi, domin kowa ya san ruwa ba sa'an kwando ba ne. Labarin waɗanda suka nutse a baya shi ne hujjar ɗan fito, shi ne kuma abin da ke sa a saurare shi.

Jirgin ƙasa ne ya fara karya wannan sana'a a kan manyan hanyoyi. Layin dogo ya iso Kano a 1911, daga baya gadojin mota suka biyo. Wani abin lura a nan: ƙarafan da aka shimfiɗa wannan layi da su a jirgin ruwa aka hauro da su Kogin Kwara har Baro, daga can aka fara shimfiɗawa zuwa arewa. Kano da ke nesa da teku, dogon da ya fitar da gyaɗarta a bayan jirgin ruwa ya iso.

Kuma kada a ɗauka sanin jirgi baƙon abu ne a wannan kwari. A 1987 wani makiyayi Bafulatani yana haƙa rijiya a kusa da ƙauyen Dufuna, a ƙaramar hukumar Fune ta Jihar Yobe ta yanzu, ya ci karo da itace a zurfin kusan mita 5. A 1994 masana daga Jami'ar Maiduguri da ta Frankfurt a Jamus suka tono shi: kwalekwale ne da aka sassaƙa daga gungume ɗaya, tsawonsa ya haura mita 8, shekarunsa kimanin 8,000. Babu jirgin da aka taɓa samu a Afirka da ya girme shi. Dufuna na kusa da Komadugu Gana, wanda ke haɗuwa da ruwan Haɗeja a kan hanyarsa ta zuwa Tafkin Chadi. Wato ruwan da ke shayar da albasar Kura da ruwan da aka tuƙa wancan kwalekwale 'yan gida ɗaya ne.

Sai zamanin Audu Bako. Kwamishinan 'yan sanda ne da aka naɗa gwamnan sabuwar Jihar Kano a 1967, ya riƙe ta har 1975, kuma mutum ne da ya yi imani cewa arzikin Kano yana cikin tare ruwan damina. Aka fara da ƙaramar madatsar Bagauda wajen 1970, don a gwada noman rani a Kadawa a ga ko zai karɓu. Ya karɓu. Daga 1971 zuwa 1974, daidai shekarun da fari ya gallabi Arewa da ƙasashen Sahel, aka gina Tiga a ƙasar Bebeji: bango na ƙasa mai tsawon kimanin kilomita 6, tsayinsa mita 48, tafkin da ya taru a bayansa ya kai murabba'in kilomita 178, yana iya riƙe ruwa kusan kubik mita biliyan 2. Kamfanin NEDECO na ƙasar Holan ne ya zana tsarin ban ruwan. Babban kanal na ɗauko ruwa daga Tiga ya zuba a Ruwan Kanya, daga nan ya ci gaba ya rabu biyu, reshen yamma ya nufi Garun Malam da Kura, na gabas ya nufi Bunkure. Kashin farko na aikin an tsara shi ne a kan kimanin hekta 22,000. A 1976 aka kafa Hukumar Raya Kogunan Haɗeja da Jama'are, ta karɓi ragamar aikin daga hannun jiha.

Abin da ya biyo baya kowa a yankin ya san shi. Tashar binciken noman rani ta Jami'ar Ahmadu Bello a Kadawa, alkamar da ta yi kasuwa bayan hana shigo da ta waje a 1987, kasuwar tumatir ta Kwanar Gafan, injinan casar shinkafa da suka cika Kura, masana'antar tumatir ta Dangote da aka buɗe a Kadawa a 2016. An rubuta wannan ɓangare da yawa.

Wanda ba a cika faɗa ba shi ne Audu Bako bai kalli ruwan a matsayin abin ban gona kaɗai ba. Mutumin da ya gina gidan namun daji a birnin Kano shi ne ya hango cewa jama'a za su so su zo bakin tafki su huta. Aka gina otal a gaɓar Bagauda, aka gina wani mai suna Rock Castle a kan dutse yana kallon Tiga. Akwai lokacin da ma'aikata da iyalansu, da baƙi 'yan ƙasashen waje, ke fitowa daga Kano a ƙarshen mako su kwana a can, su shiga jirgi su zaga. Wannan shi ne mafi kusa da yawon buɗe ido a kan ruwa da ƙasar Kano ta taɓa samu. Bai daɗe ba. Ginin otal ɗin Bagauda yau shi ne reshen Kano na Makarantar Horar da Lauyoyi ta Najeriya, kuma wannan amfani ne mai kyau. Rock Castle kuwa ya yi shekaru masu yawa a yashe. Ko a zamanin da abin ke tashe, yawon na shan iska ne kawai. Ba a haɗa shi da labarin wurin ba, kuma wataƙila shi ya sa bai yi saiwa ba: wanda ya zaga ruwa sau ɗaya ya ga ruwa, ba shi da dalilin dawowa da 'ya'yansa.

Alhali labarin yana nan. Tafkin Tiga ba a kan daji ya kwanta ba. Dubban mutane aka tayar daga ƙauyukansu da gonakinsu aka sake musu matsuguni. A ƙarƙashin wannan shimfiɗaɗɗen ruwa akwai kufan gidaje, da rijiyoyi, da masallatai, da maƙabartu, da mashigan da aka yi fito a kansu, da kututturan kuka da ɗorawa da tsamiya waɗanda kowace tana da sunan mai ita. Masuntan da ke kama karfasa da tarwaɗa da ragon ruwa da ƙurungu a tafkin sun san inda kalli ke sarƙewa, kuma sau da yawa a kan waɗannan itatuwa ne. Akwai kuma labarin watan Agustan 1988, lokacin da madatsar Bagauda ta ɓalle bayan ruwan sama mai yawa, ta share gonaki da gidaje, aka yi asarar rayuka. Akwai na 1992, da aka rage tsayin mafitar ambaliya ta Tiga don kare bangon, abin da ya rage yawan ruwan da tafkin ke riƙewa. Akwai na mutanen Haɗeja da Nguru, waɗanda ambaliyar da suka dogara da ita ta ragu, ciyawar kacala ta toshe musu hanyoyin ruwa. Duk wannan tarihin ruwa ɗaya ne, kuma daga cikin kwalekwale aka fi ganin sa.

To yaya wasu ke yi? A garin Tobermory na ƙasar Kanada, a bakin Tafkin Huron, akwai gandun ruwa mai suna Fathom Five da aka keɓe a 1987, inda jirage sama da 20 ke kwance a ƙasa. Ana ɗaukar baƙi a jirgi mai gilashi a gindinsa, a tsaya a kan wani jirgin katako mai suna Sweepstakes da ya nutse a 1885, mutane su leƙa su gan shi a kwance a ruwa mai zurfin mita 6 kacal. A Alpena ta Jihar Michigan a Amurka ma haka ake yi a gandun Thunder Bay, wanda aka kafa a shekarar 2000. Duka biyun a Tafkin Huron suke, ruwan daɗi ne, ba teku ba. Gilashin ba shi ne ginshiƙin sana'ar ba. Ginshiƙin shi ne mutumin da ke tsaye a gaban jirgi yana faɗin sunan jirgin da ya nutse, me ya ɗauko, wace iska ta same shi, wane kuskure matuƙi ya yi, su wa suka tsira. Aikin da tsohon ɗan fito ke yi wa ɗansa ke nan, sai dai a can an mayar da shi abin da baƙo ke biya ya ji.

A tsibiran Orkney da ke arewacin Scotland akwai wata mashigar teku mai suna Scapa Flow. A can ne ranar 21 ga Yuni 1919 sojojin ruwan Jamus suka nutsar da jiragen yaƙinsu da hannunsu don kada su faɗa hannun Ingila. 52 daga cikin 74 suka tafi ƙasa. An ɗago mafi yawansu daga baya, amma manya 7 na nan, kuma masu nutso daga ƙasashe da dama na zuwa ganin su kowace shekara. Dalilin kawo wannan wuri shi ne babban garin tsibiran, Kirkwall, shi ne mahaifar wani likita da jirginsa ya fashe a Najeriya, fashewar da ta kai shi har Kano.

Sunansa William Baikie. A watan Oktoban 1857 jirginsa mai tafiya da tururi, Dayspring, ya bugi dutse a Kwara kusa da Jebba ya farfashe. Mutanen ciki suka tsira, suka kafa bukkoki a gaɓa, suka zauna kusan shekara guda suna jiran wani jirgi. A cikinsu akwai Samuel Ajayi Crowther, akwai kuma wani hafsan sojan ruwa mai suna John Glover. Zaman jiran nan ne ya sa Glover ya bi ta ƙasa zuwa Legas, ya fara hulɗa da Hausawan da suka kuɓuta daga bauta, kuma a 1863 ya kafa 'yar rundunar da ake kira Hausawan Glover, wadda sojojin Najeriya ke ƙirga tarihinsu daga gare ta. Baikie kuwa bai koma gida ba. Ya zauna a Lokoja, ya koyi Hausa har ya yi fassara da ita, sannan a 1862 ya taso ta Bida da Zariya ya zo ƙasar Kano a zamanin Sarki Abdullahi Maje Karofi. Shekaru da yawa bayan haka aka tsamo wasu ƙarafan injin Dayspring aka ajiye su a tashar jirgin ƙasa ta Jebba. Jirgi ɗaya da ya bugi dutse, ga abin da ya haifar, kuma ɗalibai nawa ne a Kano suka taɓa jin sunansa?

Kafin Baikie akwai Mungo Park. A ƙarshen 1805 ya taso daga Sansanding a ƙasar Mali ta yanzu cikin wani jirgi da ya harhaɗa daga kwalekwalen gargajiya ya sa masa suna Joliba. Ya biyo Kwara ya wuce Tumbutu da Gao har Yawuri, inda ɗan jagoransa Amadi Fatuma ya sauka. A farkon 1806 jirgin ya maƙale a duwatsun Busa, Park da sauran Turawan da ke tare da shi suka halaka a ruwa. Daga bakin Amadi Fatuma duniya ta fara jin yadda abin ya faru. Wani Bature mai suna Clapperton ya je Busa yana bin sawu a 1826, 'yan'uwan nan biyu Richard da John Lander suka je a 1830. Yau ba mai iya zuwa ya tsaya a kan waɗannan duwatsu, domin madatsar Kainji da aka kammala a 1968 ta haɗiye tsohuwar Busa, aka kwashe mutane zuwa sabuwa. Ƙaddarar Busa da ta ƙauyukan Tiga iri ɗaya ce.

Sai dai a nan dole a yi hattara, domin jiragen da ke nutsewa a ruwayen Arewa ba na shekara ɗari da suka wuce ba ne kaɗai. Ranar 26 ga Mayu 2021 wani jirgin katako da ya taso daga Jihar Neja zuwa Warra a ƙaramar hukumar Ngaski ta Jihar Kebbi ya rabe a tsakiyar ruwa da mutane fiye da 150, kaɗan ne suka fita da rai. Wata shida bayan haka, ranar 30 ga Nuwamba, abin ya zo gida. A madatsar Watari da ke Bagwai, jirgin da ya ɗauko mutane daga Badau ya kife, mafi yawansu ɗaliban Islamiyya da ke kan hanyar zuwa Mauludi. Washegari an riga an tsamo gawa 29. Kuma ba shi ne na farko a wannan ruwa ba: a 2008 ya ci 'yan rakiyar amarya. Allah Ya jiƙansu da rahama.

Waɗannan wurare ba na kallo ba ne. Iyayen yaran Badau na nan da ransu, kuma duk wanda ya yi tunanin kai baƙi su ɗauki hoto a inda 'ya'yan mutane suka nutse bai san mutunci ba. Amma mantawa ma ba mutunci ba ne. Dalilan da ake samu bayan kowane hatsari kusan ba sa canzawa: lodi fiye da ƙima, tsohon jirgi, tafiyar magariba ko dare, kututturen itace da ke ɓoye a tafkin da aka cika ba a share dajinsa ba, da rashin rigar kariya. Akwai hukumar tarayya mai kula da hanyoyin ruwa na cikin gida, NIWA, da aka kafa a 1997 mai hedikwata a Lokoja, amma ma'aikacinta ba zai tsaya a kowane mashigi ba. Abin da ya ɓace shi ne wancan iko na ɗan fito na cewa a'a, da kuma labarin da ke mara masa baya. Madatsun ruwa sun kawo manyan tafkuna ga mutanen tudu cikin 'yan shekaru, mutanen da kakanninsu suka san kogin wata uku kawai. An ba su ruwan, ba a ba su ilimin zama da shi ba. Matuƙin yau sau da yawa saurayi ne da ya sayi injin ya ɗaura a jirgi, kuɗinsa na zuwa ne daga yawan kawunan da ya ɗauka, fasinja kuma na matsa masa don kada dare ya yi.

Masu cewa Bahaushe ba ya sha'awar kallon ruwa su je Argungu. Tun 1934, shekarar da Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu ya ziyarci garin, bikin kamun kifi ke tara jama'a a bakin Matan Fada, kuma ba kamun kifin kaɗai ake zuwa gani ba: akwai kabanci, wato wasannin ruwa irin su tseren kwalekwale, da nutso, da kamun agwagwar ruwa. A 2016 UNESCO ta sa shi cikin jerin al'adun duniya. Su je Yawuri su ga Rigata, inda jirage ke fitowa a jere da kiɗa da ado. Masu kallo na nan. Kabawa da Gungawa da Sarkawa sun riƙe iliminsu na ruwa har ya zama abin alfahari da abin samun kuɗi.

Kano ba ta da jirgin tururi a ƙarƙashin Tiga, ruwanta kuma ba garau yake ba balle a sa gilashi a leƙa. Ba a bukatar ko ɗaya. Abin da ake bukata jirgi ne mai lafiya, da adadin fasinja a rubuce a jikinsa, da rigar kariya ga kowa, da tafiyar hantsi ba ta yamma ba, da mai ba da labari ɗan yankin. Ya tsayar da injin a tsakiyar ruwa ya ce a nan ƙauye kaza yake, ga inda kasuwarsu take ci, ga inda aka mayar da su. Ya nuna bakin babban kanal ya bayyana yadda ruwan ke tafiya har gonar uban yaron da ke saurare. Ya faɗi yadda ake fito da gora, ya ambaci Dufuna da Jebba da Busa, ya faɗi abin da ya faru a Bagwai da dalilinsa, a yi wa mamatan addu'a. Makarantun Kura da Bunkure da Garun Malam da Bebeji da Rano kaɗai sun isa su cika irin wannan jirgi duk mako, kuma yaron da ya sa rigar kariya sau ɗaya yana ɗan shekara 12 zai neme ta ranar da zai hau jirgin kasuwa.

Amma kafin jirgi akwai aikin da ba ya jira. Wanda yake da shekara 20 ranar da ruwa ya fara hawa gonakin Tiga a 1974 yau ya haura 70. Tsofaffin da suka yi fito da hannunsu a mashigan Kogin Kano da Challawa sun fi haka tsufa, kuma kowace damina ana rasa wasu. Sashen Tarihi na Jami'ar Bayero, da Hukumar Tarihi da Al'adu ta Jihar Kano, da Hukumar Haɗeja da Jama'are, da hakimai da dagatan yankin, su tura ɗalibai da na'urar naɗar murya ƙauye ƙauye a rubuta sunayen garuruwan da ruwa ya rufe, da mashigai, da sarakunan ruwa. Mai karatu da ke da kaka a Kura ko Bunkure ko Bebeji kuma ba sai ya jira hukuma ba: wayar da ke aljihunsa ta isa, ya je ya zauna da tsohon a wannan makon ya tambaye shi yadda ake ƙetare kogi in ya kawo.